Na Hukunta Baffan 'Ya'yana Da Abin Da Yake Yi A Fim

Kafin abin nan ya faru ina matar aure mai 'ya'ya huɗu a wani ƙauye kusa da Tsanyawa. Na gama sakandare, ina zuwa Islamiyyar matan aure, kuma a ganina ni ba mai zargin mutane ba ce. Ashe ban gama sanin zuciyata ba.

Maigidana yana da ƙane guda, ɗan fim ne a Kano. Ba jarumi ba ne, ba a taɓa sa hotonsa a gaban fasta ba. Da ɗaukar kayan aiki ya fara, aka riƙa cusa shi cikin taro, daga nan mai gadi, daga nan ɗan aiken dagaci. Da furfura ta fara fito masa sai daraktoci suka ga fuskarsa ta dace da mugun baffa mai cinye gadon marayu, a nan kuma ya zauna. In ya sauko daga motar haya da ledar burodinsa, zai ce matar yaya har yau ba ta koyi sa daddawa ba, ni kuma in ce ya fara mayar wa mutane babbar rigarsu ta aro tukuna.

Sai Allah ya yi wa maigidana rasuwa, ya bar mana gona ɗaya. Ina cikin takaba mata masu zuwa gaisuwa suka fara yi min raɗa. Wata ta ce ta ga yadda yake korar matar wansa a wani shiri, kuma wanda ya iya abu haka, a jininsa yake. Na yi istigfari a baki, amma maganar ta zauna min. Da ya zo bayan arba'in ya ce zai riƙa sa taki yana ɗaukar 'yan ƙwadago har yara su tasa, sai na amsa masa ta bayan labule cewa na riga na shirya. Na ba maƙwabcin gonarmu aronta, mutumin da ba ya rasa sahun gaba a masallaci. Baffan yara ya ce Allah ya sa albarka.

Damina uku gonar tana hannun mutumin nan. Da na ce zan karɓa in sa gyaɗa, sai na tarar an tumɓuke gambar da ke kan iyaka, huɗa ta matso, har ɗorawar da muke kalwa da ita ta koma ɓangarensa. Ya ce ai can iyakar take tun asali. Dagaci ya nemi shaida, ni kuwa ba ni da kowa. Da kunya da kuka na kira wanda na guda.

Washegari ya iso. Daga baya na ji ana tsakiyar ɗaukar shiri ya taho, har aka ba wani gurbinsa. A gona mutane suka yi ta dariya, wani ya ce yau mai cin gado ne ya zo tsaron gado. Shi ma ya yi dariya, ya ce wa dagaci, ranka ya daɗe, yau babu kyamara, a ara min fartanya. Ya ƙirga taku daga gindin ɗorawa, ya yi ta tono har ya ciro rabin dutsen niƙan mahaifiyarsu, wanda shi da wansa suka binne a kusurwar gonar suna samari. Dattawa biyu suka ce sun tuna ranar. Maƙwabcin ya sunkuyar da kai, aka mayar da iyaka inda take.

Na durƙusa na roƙe shi gafara, na faɗa masa duk abin da na ƙulla a raina. Ya ce tun ranar labule ya gane, kuma ya saba, don akwai kasuwar da mata ke hana shi ko da ruwa. Ya ce abin da ya sa ya iya rawar nan, nasu baffan ne ya danne musu wannan gona shekaru suna kallo. Duk sanda ya sa hular mugun baffa a fim, fatansa wani baffa ya gani ya ji kunya. Da zai tafi ya ce miyar yau ma ba daddawa.

'Yan'uwa mata, na koyi cewa zato zunubi ne da ke shigowa da kamannin taka-tsantsan. Na guji mutum saboda rigar aikinsa, na amince da wani saboda sahunsa, saura kaɗan marayuna su rasa abincinsu a hannuna. Kada ku yanke wa kowa hukunci da abin da allon waya ya nuna muku. Har yau yana fitowa yana zare ido yana korar marayu, ni kuwa in na gan shi, da hatsin gonar nan a tukunyata, addu'a nake yi masa.