Malama Shafa'atu da Rijiyar Garin Barci

Da sunan Allah mai rahama, tsira da aminci su tabbata ga Annabinsa.

Shekara ashirin da shida ke nan, da zarar an sallame sallar asuba a unguwar Hausawa ta Anacha, Malama Shafa'atu takan shimfiɗa tabarmarta a wurin da har yau muke kira Zauren Mafarkai, ta ajiye tawada da alƙalamin kara. Mata su shiga ciki, maza su tsaya bayan labule. Mahauci mai sauri zuwa kwata, matar dillali, tsohon da ya tashi da nauyi a ƙirji, kowa ya faɗi abin da ya gani a barci. Waɗanda aka haifa a nan wani lokaci da harshen Ibo suke mafarkin, da shi kuma suke faɗa, ba ta taɓa ce wa kowa ya gyara bakinsa ba. Mutanen Inugu da Fatakwal sukan aiko nasu da ajami ta hannun direbobi.

Ƙa'idarta ɗaya ce. Kafin ta taɓa tawada sai ta ce wa mai magana, "Alheri ka gani, Allah ya tsare ka daga sharrinsa." Ba ta ƙara kalma a kan haka. Sai ta zana abin da aka gani a kan fatun shanu jemammu. Da zane ya taru, wani abu ya bayyana: mutanen da ba su taɓa haɗuwa ba suna yawo a gari guda cikin barcinsu. Tsamiya ɗaya, gangare mai sauka zuwa kogi, da rijiya a tsakiya. Ta sa masa suna Garin Barci.

Har yau akwai masu cewa duba take yi. Na yi shekaru gaban malamai, na san bambancin duba da sauraro. Ga abin da idona ya gani, wanda ya isa ya zo ya ƙaryata.

A shekarar 1961, limaminmu Malam Ma'aruf ya yi wa'azi mai zafi a kan masu gaggawar sa wuƙa ga saniyar da cuta ta riga ta cinye, su sayar wa jama'a. Maganar ta soki Alhaji Dogara, babban dillalin shanu, wanda shi ne ya ara wa Malama zauren. Ya rantse sai an tuɓe liman. Ana cikin haka, mutum goma sha bakwai suka yi mafarkin rijiyar Garin Barci ta ƙafe, duk a mako guda. Labari ya fita daga bakin masu mafarkin da kansu.

Kowa ya san abin da malamai suka koyar, cewa mafarki yana faɗawa ne a kan fassarar farko da aka yi masa. Alhaji ma ya sani. Ranar Laraba da hantsi ya zo da dattawa, ina cikinsu, ya tsaya bayan labule.

"Malama, an tashi lafiya? Aiki kaɗan muka kawo miki. Rijiya ai liman ce, tunda a wurinsa ake sha. Ta ƙafe. Ki faɗa da bakinki, jama'a su ji."

"Lafiya lau, Alhaji," in ji ta. "Yaushe ka bar duban haƙoran shanu ka koma duban rijiya?"

Wani dattijo ya yi tari don ya ɓoye dariya.

"Ba wasa ya kawo ni ba. Babu wanda ya fassara shi tukuna. Kalma ɗaya nake nema."

"Ka makara, Alhaji. An riga an fassara."

"Wa ya fassara?"

"Ni. Sau goma sha bakwai. Duk wanda ya zo da shi na ce masa alheri ya gani, tun kafin ka ji labari. Kai da bakinka ka ce babu wanda ya riga, ashe ka yarda ta farko ce ke tsayawa. To ta tsaya."

Alhaji ya juyo yana neman wanda zai tsaya masa. Malamai uku ne a wurin, babu wanda ya iya cewa ta yi kuskure. Alhaji ya ce, "To ki kwashe fatunki daga zaurena kafin azahar."

"Zaurenka ne," ta ce. "Allah ya saka da aron da ka yi."

Ta naɗe fatun nan da hannunta, matan mahauta suka ɗauka a ka, suka bi tsakiyar kasuwa da rana tsaka. Washegari da asuba ta zauna a wata rumfar kwano mai yoyo, layin ya fi na kullum tsawo. A rumfar nan take har yanzu.

Ke ce, Malama, kika riƙe harshenki ranar da maza masu rawani suka yi shiru don tsoro, ni ma a cikinsu. Ke ce kika san cewa abin da bawa ya gani a barci amana ce, ba a yin wuƙa da shi a soki Musulmi. Garkuwar masu barci! Yanzu ido ya gaza, kin ce a ƙarshen watan nan za ki ajiye alƙalami. Mun gode. Allah ya haskaka miki, ya sa ki cika da imani.

Ku kuma matasan Anacha da Inugu da Fatakwal, masu ilimin allo da masu na boko, a samu a cikinku wanda zai zauna a wannan rumfa ya koyi jin magana ba tare da ya mai da ita makami ba. Masu jiran ta tashi don a rufe wurin, ku daina jira, domin muddin ina numfashi ba za a rufe shi ba.

Jumma'ar da ta wuce Malam Ma'aruf ne ya ja mu salla. Alhaji Dogara yana sahun farko, ya ce amin tare da kowa.