Awa Biyun Babana

Babana manomin albasa ne a gefen Mandera. Shekarar da aka tura ni koyarwa Bodinga, shi da maƙwabtan gonarsa suka haɗa hannu suka haƙa rijiya a bakin fadama, suka sa mata injin ban-ruwa. Bututu ɗaya ne, don haka aka raba yini: kowa awa biyu, ya zo da mansa. Babana ne dattijonsu, aka ba shi bayan sallar asuba, lokacin da ƙasa ke da sanyi, ruwa ya shige ta sosai. Mabuɗin ɗakin injin kuma aka damƙa wa wani ɗan uwanmu na nesa, wanda nake kira Kawu.

Wata Asabar na hau babur na je gida, na tarar da babana a gona da tsakar rana, ba hula, yana jan tiyo tsakanin kunyoyi. Ruwan na zuba, ƙasa na tururi. Bakin ganyen albasar duk ya ƙone.

Na ce, “Baba, mi kaka yi cikin ranar ga?”

Ya ce, “An canza mini lokaci.”

Bai ƙara ba. Wajen mahaifiyata na ji sauran. Wani ɗan kasuwa daga Shagari ya yi hayar gona kusa da tamu, ya ba Kawu kuɗi, Kawu ya ba shi safiyar babana. Kuma ba shi kaɗai ba. Safiya tana da farashinta, la'asar tana da nata, azahar ce kawai kyauta, domin ba mai son ta.

Na iske Kawu a ƙofar ɗakin injin yana cin goro. Ban ko gama gaisuwa ba na ce, “Kawu, safiyar da ka sayar, taka ce? Tsohon ga ragonsa ya sayar aka haƙa rijiyar nan!”

Ko gezau bai yi ba. Ya ce, “Malam, inji na cin gyara. In kana son safiya, akwai ta.”

Na so in ƙwace mabuɗin in jefa cikin rijiyar. Amma abin da na yi ya fi wannan muni, kuma har yau in na tuna sai raina ya ɓaci. Na sa hannu a aljihu na biya shi. Na koma Bodinga ina jin kaina ɗa nagari.

Sati na zagayowa na dawo da sassafe, don in ga babana yana ban-ruwa cikin sanyi. Injin na aiki, amma ba gonarmu ruwan ke zuwa ba. Yana gangarawa gonar maƙwabcinmu, wani tsoho mai ciwon ƙafa da ke dogara sanda. Babana na tsaye kansa, shi ke riƙe masa da tiyo.

Ashe Kawu bai taɓa lokacin ɗan kasuwar ba. Awa biyun da ke bin na asuba, na wannan tsohon, su ya cire ya ba mu, ya tura shi azahar.

Babana ya ja ni gefe. Ban taɓa ganin idonsa ya yi ja haka ba.

“Wa ya aike ka?”

“Baba, na ga kana wahala ne.”

“Sai ka sayo mini wahalar wani? Mutumin ga tare munka tashi. Jiya da kuka ya zo ƙofata, yana tambaya mi ya yi mini. Da wane baki zan ce mishi ɗana ne?”

Na koma wajen Kawu na ce ya mayar wa kowa lokacinsa. Ya yi dariya, ya ce ciniki ya riga ya faɗa. Na bi sauran manoman ɗaya bayan ɗaya, na ce mu taru mu karɓe mabuɗin. Kowa sai ya kawar da kai. Daga baya na gane dalili: rabinsu sun riga sun saya, sauran kuma suna tara abin saye.

Har ƙarshen rani babana bai shayar da gonarsa da safiyar da na biya ba. Kullum shi ke buɗe wa tsohon ruwa, ya taya shi, sannan ya zauna gindin darbejiya ya jira azahar. Albasarmu ta fito ƙanana, da ƙyar aka samu mai saye a kasuwar Bodinga.

Da rani ya sake zagayowa, babana ya ce ya bar noman fadama, ya koma kiwon tumaki a bayan gida. Kawu yana nan da mabuɗinsa, har ya yi sabon babur. In mun haɗu a masallaci yakan miƙo mini hannu, ni kuma in karɓa, saboda babana na kallo.