Jaridar Bature a Murfin Akwatin Khala

Nuzla, ƙarfe biyar da kwata

Na fito daga gidanmu na unguwar Nuzla a Jidda bayan sallar asuba, zuciyata na bugawa irin ta jarumin da ya ɗauki alkawari. Ga 'yan'uwa na gida da ba su san zancen ba: matata Rukayya tana digiri na biyu a fannin tarihi, tana bincike kan yadda marubutan siyasa na jaridun Ingila ke auna darajar ƙasarsu da wasan ƙwallo. Malaminta ya ce babi na uku ba zai wuce ba sai ta kawo tsohuwar jaridar da ta karanta da idonta, kuma ranar Alhamis ce ƙarshe. Daren Talata na tarar ta yi tagumi, na dafa ƙirji na ce, "Gimbiya, ko a ƙasan Bahar Maliya take zan ɗauko miki."

Ta ce, "Abu Hanan, ka dai tafi da iƙamarka, kada a kama ka ba takardar zama."

Na tari tasin Ammi Usman, Bahaushen Sudan, riyal goma sha biyar zuwa tashar jiragen ruwa, kilomita shida. Da na faɗa masa dalilin tafiyar ya kalle ni ta madubi. "Ni da na auri tawa, kifi ta aike ni. Yalla."

Bakin tasha, shida saura goma

Tunanina shi ne jiragen Ingila sun yi shekara da shekaru suna tsayawa a nan, dole sun bar jaridu. Na riga na hango wani ɗaki mai ƙura, hasken rana na ratso taga, ni kuma ina hure shafi a hankali. Mai gadi ya duba iƙamata, ya tambayi takardar shiga, babu. "Khalas," in ji shi, ya nuna mini hanyar da na fito.

Na zauna wajen mai shayi na ci ful da tamis, wato dafaffen wake da burodi, na riyal shida, cikin baƙin ciki mai kyau. Nan na haɗu da Baba Idi, tsohon ɗan dako haifaffen Jidda, wanda kakansa ya zo Hajji a ƙafa. Ya ji labarina ya yi dariya har ya ƙware.

"Jaridun Nasara? Dami-dami muke kwasowa daga jirgi, ya waladi."

"Kuna karantawa, Baba?"

"Karatu? Abinci muke ci a kai! Jaridar Larabci akwai sunan Allah a ciki, wa zai ɗora mata shinkafa? Ta Nasara kuwa kowa na rububinta. Ni kaɗai na ci kifi a kan tarihin Ingila na shekara ashirin."

Na ji kamar in fashe da kuka. Sai ya ce akwai mace ɗaya da ba ta ci a kan nata ba, Khala Zainabu, wato Inna Zainabu, matar marigayi abokinsa. Ita liƙe cikin akwatin aurenta ta yi da su. Tana unguwar Safa wajen ɗanta.

Safa, goma saura ashirin

Kilomita goma sha tara, riyal talatin, Ammi Usman ne dai. Bene hawa na uku. Khala ta ba ni shayi da dabino, ta tambayi asalina har kaka na uku, sannan ta yarda aka jawo akwatin daga ƙarƙashin gado. Na ƙarfe ne, kore. Ta ɗaga murfin, ƙamshin turaren wuta ya buge ni. Ga ta nan, shafi biyu sun yi ruwan ƙasa: hoton Turawa 'yan ƙwallo da dogayen gajerun wanduna, gefe kuma rubutu siriri har ƙasa.

Na ɗauki hoto na tura wa Rukayya. Ta amsa: "Na ga babban yatsanka da rabin kan Bature." Na sake sau huɗu, murfin a lanƙwashe yake, rubutun ya ƙi fitowa. Na sa farce a gefen takardar a hankali, Khala ta make mini hannu.

"Da ƙullu na liƙa ta, da hannuna, ina amarya. Ɓare min za ka yi?"

"To Khala, ki ara mini akwatin zuwa gobe."

"Shekara hamsin ba mu raba ɗaki da shi ba. Inda ya je, nan zan je." Ta ɗauko abayarta.

Hanyar komawa, sha biyu da rabi

Ta ƙi yarda a cire ko zane ɗaya daga ciki. Ni da Ammi Usman muka sauko da shi hawa uku, yana tsine wa soyayya a kowace matakala. But ɗin mota ya ƙi ɗauka. Khala ta zauna a gaba, akwati a baya, ni kuma a ɗan abin da ya rage, kumatuna manne da gilashi. A shingen bincike jami'i ya leƙo ya tambayi abin da ke ciki. Khala ta ce da Larabci, "Kayan aurena ne." Ya dube ta, ya dube ni, ya ce, "Mabruk," wai barka da aure, ya ɗaga mana hannu. Ammi Usman bai daina dariya ba har Nuzla.

Gida, ɗaya da minti ashirin

Na shirya jawabi tun daga Safa, mai batun wata da taurari. Rukayya ta gaida Khala har ƙasa, ta wuce ni, ta durƙusa ta cusa kanta cikin akwati da fitilar waya. Can sai muryarta ta fito daga ciki: marubucin siyasa ne, an ci ƙasarsu a ƙwallo, shi kuma ya ɗora wa gwamnati laifi, wai ta lalatar da zuciyar Ingilishi. Sunan jaridar da ranar fitarta suna nan a kusurwa, ƙullu bai taɓa su ba.

"Abu Hanan," ta ce, "babina ya tsira. Zo ka riƙe mini murfin kada ya faɗo mini a ka."

Na riƙe shi minti arba'in tana kwafa, Khala na kishingiɗe tana ba ni umarnin kada in karce fenti.

Godiya ga Allah da Ya dawo da ni lafiya, ga Baba Idi, ga Ammi Usman, da Khala Zainabu, wadda ta ce iskar Nuzla ta karɓe ta. Yau kwananta tara a ɗakinmu, ni ina falo.