Muryar Inna a Bakin Baturiya

A benen da muke haya a unguwar Harra ta Gabas akwai wata tsohuwar Baturiya 'yar ƙasar Norway, wadda ta musulunta ta tare a Madina. An ce a ƙuruciyarta 'yar wasan kwaikwayo ce, a dandamali da fim, amma ban taɓa sa abin a raina ba. Kullum da la'asar takan zauna da Innata su sha shayi, ba mai jin yaren wata.

Bayan rasuwar Inna, wata rana ina wanke-wanke sai na ji ana jan silifas a bakin ƙofa. Sai ɗan tarin nan na Inna, sannan muryarta sak: "Ke, kin ci abinci kuwa?"

Kofi ya suɓuce mini ya fashe. Na fito, sai ga Baturiya tsaye, ta karkace kafaɗa yadda Inna take yi. Matar da a Hausa ko "zo in kashe ki" ba ta ji!

Na daka mata tsawa da Larabci: "Hajiya, ba kya tsoron Allah? Uwar tawa ce abin wasanki?"

Ta miƙe, ta koma kamanninta. Ta ce, "'Yata, abin da na iya ke nan. Shi na kawo miki ta'aziyya."

Na banko ƙofa, na rantse ba ni ba ita.

Washegari da hantsi ni ce a ƙofarta. Da ta buɗe na ce, "Hajiya, sake tambayata ko na ci abinci."