Ranar da Harouna Ya Yi wa Baba Fagas Kirari

Harouna bawana ne, kuma haihuwa ce ta yanke haka. Babana da innarsa ciki ɗaya suke, ni 'yar namiji, shi ɗan mace, don haka duk abin da ni Najat mai kitso zan faɗa a kansa, sai dai ya yi murmushi ya haɗiye.

A nan Bronx ta birnin New York Malam Harouna ake ce masa. Yana magana ƙasa-ƙasa kamar mai tsoron tada jariri. In ka tambaye shi sana'arsa a Damagaram sai ya ce harkar wasanni. Harkar wasanni! Kirari yake yi wa 'yan kokowa. In ya buɗe maƙogwaro a fili, awakin garin Mirriya sai sun bar kiwo sun saurara. Amma tun da ya sauka Amurka ya ninke muryar nan ya sa a ƙasan akwati, wai kada a ce masa maroƙi.

Ya wanke kwanoni, ya raba abinci a keke har sanyi ya kore shi, daga ƙarshe ya sami aikin kula da tsofaffi a gidajensu. Haka aka tura shi wajen Baba Fagas. Kullum da safe sai ya hau jirgin ƙasa daga Grand Concourse, ya sauka ya shiga jirgin ruwa zuwa St. George, yana riƙe da ƙarfe yana salati, don har yau bai yarda da ruwan da ya fi guga ba.

Shi Baba Fagas mutumin Sikotilan ne, tsohon ɗan wasan kwaikwayo. Ɗan masunci ne, ya gudu daga warin kifi yana saurayi, ya je Gilasgo yana ɗaukar katako a gidan wasa. Wata rana mai fitowa a soja ya kwanta ciwo, aka ɗora masa hular. Daga nan bai sake sauka daga dandamali ba. Ya yi sarki, ya yi ɓarawo, ya zo New York ya yi ɗan sanda da likita a talabijin. Bai zama irin waɗanda ake bi da gudu a titi ba, amma bangon falonsa hotuna ne har sama, kuma kowane hoto Harouna ya sha labarinsa har ya haddace. A ɗaya ma siket mai gida-gida ne a jikinsa, gwiwoyi a waje kamar goruba biyu.

Faɗansu ɗaya ne, kunun safe. Tsohon gishiri yake sa wa nasa. Harouna ya ce wannan ba karin kumallo ba ne, horo ne, ya riƙa zuba masa sukari a ɓoye. Shi kuma ya ɗanɗana ya ce, "Harouna, an ba ni guba a dandamali, amma ba ta kai wannan ba." Su yi ta dariya.

Sai ga shi ya faɗi a banɗaki. Ƙashi bai karye ba, likitoci suka sallame shi, amma da ya dawo gida ya juya fuska bango. Ba ci, ba magana, ba tashi. 'Yarsa Madam Moira ta zo daga Sikotilan, ta duba ta duba, ta ce in bai miƙe ba kafin ta koma, gidan tsofaffi za ta kai shi. Shi kuwa ya sha gaya wa Harouna cewa ranar da aka raba shi da falon nan, ranar ya gama.

Ina cikin yi wa wata mata kitso sai ga Harouna a shago, ido ya faɗa.

"Najat, gobe ki raka ni."

"Bawa ke aiken uwar ɗakinsa yanzu?"

"Don Allah 'yar kawu. Guɗa nake so."

Na saki gashin matar. "Guɗa? Aure za ka yi ba ka gaya min ba? Wace marar sa'a ce?"

Ya ce shi ya gane ciwon Baba Fagas. Ya ga irinsa wajen 'yan kokowar da aka kayar a gaban jama'a: jiki lafiya, zuciya ce ke kwance. Irin wannan kuwa ba a lallashinsa, kiransa ake yi.

Washegari na sha ɗaurin da ya fi ƙofar jirgin faɗi, muka tafi. Madam Moira ta buɗe mana, ta dubi ɗaurina, ta ba mu hanya. Tsohon yana kwance, ya ƙanƙance kamar an wanke shi da ruwan zafi.

Harouna ya tsaya a bakin ɗaki, ya cire hula, ya toshe kunne ɗaya. Muryar da na daɗe ban ji ba ta fito, har tagogi suka amsa.

"Fagas ɗan masunci, na Sikotilan garin hazo! Sarki ran Talata, ɓarawo ran Laraba! An sare ka da takobi, ka tashi ka ci abincin dare! Mai siket da maza ke tsoro! An binne ka a Gilasgo, an gan ka a Manhatan! Ina mazan suke? Labule ya buɗe, Fagas, jama'a na jira!"

Na kama hanci na rangaɗa guɗa. Karen maƙwabta ya ɗauka, wata tsohuwa ta fito da jakarta wai gobara ce. Madam Moira ta dafe ƙirji.

Baba Fagas ko kalma ɗaya ta Hausa bai sani ba. Amma sunansa ya ji, ya ji Gilasgo, kuma mutumin da ya yi rayuwarsa a gaban jama'a ya san sautin da ake kiran gwani da shi. Yatsun ƙafarsa suka fara motsi. Harouna ya ƙara wuta, ya bi hotunan bango ɗaya bayan ɗaya yana nunawa, soja, sarki, ɗan sanda, jijiyar wuyansa kamar igiyar rijiya. Tsohon ya juyo. Ya sauko da ƙafa ɗaya. Harouna ya miƙa hannu, tsohon ya ture shi. Ya kama sandarsa ya miƙe da kansa, yana rawa kamar kara, ya gyara rigar barci, ya sunkuyar mana da kai irin na dandamali.

Na tafa har zobena ya tashi. Madam Moira tana kuka tana tafi.

"Me ka ce a kaina?" in ji tsohon.

Harouna ya fassara masa, yana haki.

"Ka manta na yi matuƙin jirgin ruwa," ya ce. "Kuma ina kununa? Da gishiri."

Madam Moira ta koma ita kaɗai. Baba Fagas yana falonsa har yau, sai dai ya sangarce: ba ya kai cokali baki sai an yi masa kirari, kuma kullum sai ya tuno wani fim da aka tsallake. Ni kuma na baza labari a unguwarmu ta Concourse Village, yanzu duk sunan da za a yi sai an nemi Malam Harouna. Ya ce na tona masa asiri. Na ce bawa ba shi da asiri, ya je ya sha ruwan zafi da zuma, Asabar akwai biki.