Batirin da Ya Mutu a Hanyar Isa

Na tsufa yanzu, abubuwa da yawa sun zube mini daga kai, har sunayen jikokina sai na yi ta lalube kafin in kamo wanda nake nema. Amma akwai yini guda da ya ƙi zubewa, kuma na tabbata ba zai rabu da ni ba sai ranar da aka tura mini ƙasa. Shi ne yinin da motata ta mutu a cikin rairayi tsakanin Sabon Birni da Isa, yayana yana kwance a bayanta.

Zamanin Turawa ne, saura 'yan shekaru su tafi. Ni ɗan fatauci ne tun tasowata, ina kai goro da atamfa ƙasar Faransa ta Burkusuma, in dawo da kanwa da fatu. Da Allah ya buɗa mini, sai na sauka daga kan jakai na sayi tsohuwar babbar mota mai bodin katako a Gusau, don jigilar gyaɗa zuwa tashar jirgi a Ƙaura. A lokacin mai mota ba ya ɓuya a ƙasarmu. Ba za ni ɓoye muku ba, kaina ya kumbura. Har tafiyata ta sake.

Ranar da na karɓi motar, wani akawu ya miƙo mini takarda mai hatimi, ya ce sunanta inshora, doka ta hana mota hawa hanya sai da ita. Na tambaye shi amfaninta. Bai ko ɗago kai ba ya ce, "In wani abu ya faru a hanya, kamfani ke ɗauka." Ni kuwa dama na taɓa ganin janwe a Ƙaura tana jan wata mota da ta lalace, da ma'aikata cikin kaki suna ta hidima. Sai na haɗa wannan da wancan a raina, na yanke cewa duk inda motata ta tsaya, waɗannan masu kakin za su zo. Ban tambayi akawun wane irin abu yake nufi ba. Na ji kunyar a ga ban sani ba.

A wurinmu rubutu mai daraja ba a barinsa tsirara. Ina isowa gida na kai wa baduku takardar, ya naɗe ta ya ɗinke cikin jar fata kamar laya, na rataye ta a gaban mota. Ni ajami kaɗai na iya. Akwai masu boko a garin da za su karanta mini ita cikin ɗan lokaci, amma tun da ta shiga fata babu idon da ya sake ganin abin da ke ciki.

Direbana tsohon soja ne, can ya koyi tuƙi, ya girme ni nesa, kuma maganarsa ba ta da yawa. Yana da wata ɗabi'a da na riƙa yi wa dariya: ba ya kashe mota sai a kan gangara. Ko da za mu wuce masauki da nisa, sai ya nemi tudu ya tsaya, ya sa dutse a gaban taya. Da safe ya cire dutsen, mota ta gangara, ta yi tari ta tashi. Ya bayyana mini cewa batirin ya gaji, ba ya riƙe wuta. Muddin inji yana juyawa mota tana ciyar da kanta, amma in aka kashe ta a fili, sai yadda Allah ya yi. Sau uku yana ce mini, "Maigida, in munka isa Ƙaura a sai wani batir, wanga ya gama aiki." Sau uku ina nuna masa jar fatar nan ina cewa, "Mi kaka tsoro? In yam mutu kamfani na kawo wani." Sai ya koma kan aikinsa. Shi ma bai iya karatun ba, kuma ba a jayayya da mai mota.

Yayana manomi ne, shi ya riƙe ni tun rasuwar mahaifinmu, shi ya sayar da tunkiyarsa ya ba ni jarin goro na farko. Ko da na yi gemu bai daina ce mini Auta ba. Da kaka, yana tattara harawar gyaɗa a gona, kububuwa ta sare shi a hannu. Aka kira mai maganin maciji, ya yi tsaga, ya yi tofi, ya ba shi jiƙo. Kwana biyu hannun sai kumbura yake yi. A rana ta uku jini ya fara fitowa daga dasashinsa, ko ya kurkure baki sai ya dawo. Direba ya ja ni gefe ya ce ya ga irin wannan a soja, akwai allurarsa a babban asibiti a Gusau, in an kai mutum da sauran ƙarfi yakan tashi.

Yaya bai so tafiyar ba. Ya ce, "Auta, bar ni ɗakina. In kwana ya ƙare, ya ƙare gaban iyalina." Na rantse masa kafin rana ta faɗi yana hannun likita. Na ce mene ne amfanin motata in ba ta yi wannan ba? Muka shimfiɗa masa katifa a baya, muka kafa zane don inuwa, na zauna na tallafe kansa. Matarsa ta tsaya a ƙofar gida da goyo. Sai da rana ta kusa tsaka muka bar gari.

Hanyar ba hanya ba ce, sawun jakai ne da aka faɗaɗa. Duk ramin da muka faɗa sai Yaya ya cije baki. Bai yi raki ba ko sau ɗaya. Da muka shiga wata busasshiyar ƙorama mai faɗi, rairayi zalla, da inuwar tsamiya a gefe, sai ya dubi rana ya ce azahar ta yi, a tsaya ya yi salla. Na buga rufin mota, direba ya tsaya amma ya bar inji yana kaɗawa. Bodin yana rawa, hayaƙi yana shigowa ta tsakanin katako, Yaya yana tari, kowane tari da jini. Ya kama rigata ya ce, "A kashe ta kaɗan, in samu in ji abin da nika karantawa."

Na leƙa na ce wa direba ya kashe. Ya fito da kai ya ce, "Maigida, ba ni kashe ta nan. Tudu na nan gaba kaɗan, mu haura tukuna." Da na saurare shi, tafiyar ba ta kai ta shan fura ba. Amma ga yayana yana roƙona abu ɗaya tak, ga kuma yarona yana yi mini musu a gabansa. Zuciya ta ɗebe ni. Na daka masa tsawa, na ce motar tawa ce ko tasa? Na ce ko ta ƙi tashi ina da takarda. Ya dube ni, ya daɗe yana dubana, sannan ya sa hannu ya kashe. Wurin ya yi tsit, har ana jin kukan kurciya. Yaya ya yi taimama ya yi sallarsa a kwance, a natse. Wannan kaɗai nake riƙewa in zuciyata ta matsa mini.

Da muka tashi tafiya, direba ya taɓa, mota ta yi ɗan ƙas, ta yi shiru. Ya sake, ko ƙas ɗin babu. Ya ɗauko handil, ƙarfen nan da ake zurawa ta gaba a juya inji da hannu, ya yi ta juyi har tafinsa ya saɓule. Babu ko ɗigon wuta a batirin. Mutanen wani ƙauye da ke kusa suka taso daga gonaki, majiya ƙarfi, suka sa kafaɗa. Amma wa ya taɓa tura babbar mota a cikin rairayi? Duk turawa sai tayoyin su ƙara nutsewa.

Har a lokacin gwiwata ba ta yi sanyi ba. Na tsinke jar fatar nan, na ari doki a wurin mai unguwar ƙauyen, na ce wa Yaya za ni Isa in sa a kira mutanen kamfani, yanzu za ni dawo. Ya riƙe yatsana ya ce, "Zamna nan, Auta." Na zare hannuna. Ni da nake ganin ceto za ni nemo.

Na isa Isa da la'asar, doki yana kumfa. Na nemi malamin makarantar boko, na same shi a zaure. Na sa wuƙa na farke ɗinkin a gabansa. Ya warware takardar, ya karanta a hankali yana bin layi da yatsa, ya juya baya ya karanta, sannan ya cire tabarau.

Ya ce, "Malam, wa yac ce maka ana zuwa?"

Na ce akawu, na kuma ba shi labarin janwen da na gani a Ƙaura.

Ya ce, "Abin da anka rubuta nan, in motarka ta kaɗe mutum, ko ta taka dabbar wani, ko ta rushe katangar wani, kamfani na biyan wanda anka yi ma ɓarna. Shi ke nan. Ba batir ciki, ba gyara, ba janwe. Janwen da kag gani, motocin masu ita taka ja."

Na ce ya sake dubawa, wataƙila yana can ƙasa cikin ƙananan rubutun. Ya sake dubawa don ya faranta mini. Ya ce babu. Ya ƙara da cewa ko da akwai, waya sai Ƙaura, wa zai gaya musu? Ya tashi da kansa ya zaga da ni garin. Babu mota ko ɗaya, sai jibi ake sa ran wata. Mai ɗakin magani ya ce allurar maciji ba ta zuwa ƙananan wurare, ya ba ni abin da yake da shi na rage zafi. Na hau doki da ƙullin magani a aljihu, ban san lokacin da na saki takardar ba.

Rana tana gab da faɗuwa na hango motar. Tun daga nesa na ga mutane zaune a ƙasa sun yi jugum, an sauke zanen inuwa an lulluɓe abin da ke kan katifa. Direba ya taso ya kama linzamin dokin, tafinsa ɗaure da tsumma. Shi ya ɗora kan Yaya a cinyarsa, shi ya laƙƙana masa kalmar shahada, shi ya shafe masa ido. Na tambaye shi ko ya bar wata magana. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Sau biyu shina tambaya ko ka komo."

Ban san ko da mun isa Gusau zai tashi ba. Malamai sun gaya mini kwana ne ya ƙare, na kuma yarda, ba na jayayya da hukuncin Ubangiji. Amma akwai abu biyu da mutumin nan ya roƙe ni, in bar shi ya cika a ɗakinsa, da na ƙi, in zauna kusa da shi. Duka biyun na hana shi. Babu yadda za a kai gawa gida, sai mutanen ƙauyen suka yi masa sutura, muka binne shi a maƙabartarsu, cikin mutanen da bai taɓa sani ba. Matarsa da 'ya'yansa ba su ga fuskarsa ba.

Bayan kwana biyu wata motar gyaɗa ta biyo ta ƙoramar. Direbanta ya sauko, ya kwance batirinsa ya ɗaura a tamu. Taɓawa ɗaya ta tashi. Taɓawa ɗaya! Ya mayar da abinsa, ya yi mana gaisuwar rashi, ya wuce. Na tsaya ina jin ƙarar injin nan, sai na durƙushe a cikin rairayi na yi kukan da ban yi ba a bakin kabari. Direbana bai taɓa ce mini ai na gaya maka ba, har muka rabu. Da ya faɗa, da wataƙila ya fi mini sauƙi.

Abin da yinin nan ya koya mini, da tsada ya koya mini shi. In an yi maka alkawari, a baki ko a takarda, kada kunya ta hana ka tambayar inda ya tsaya, domin abin da babu a ciki shi zai same ka a daji. In wanda hannunsa ke kan aiki ya ce kada a yi, ka haɗiye girmanka ka ji, ko da kai ne maigida. In kuma naka yana kwance ya ce ka zauna, to ka zauna.