Tuwon gayyar Baba ya kwana a tukunya

Ina bakin ƙofar gidan da nake gadi a Fatakwal, ƙanwata ta turo min hoto daga ƙauyenmu na Miga: tukwanen tuwo cike, ƙwaryar fura ko taɓa ta ba a yi ba.

Baba ne ya kira gayya a nome masa gonar gero kafin ciyawa ta shaƙe ta. Tsofaffi ƙalilan ne suka zo da fartanyoyinsu.

Raina ya ɓaci, na kira Kawu, don shi ya zaga gari da goron gayyata.

"Kawu, wannan wane irin wulaƙanci ne? Har akuya fa na sa aka yanka!"

Ya ce, "Akuyarka ta yi daɗi, ɗana, mu da muka zo mun ci. Amma samarin da suka rage a garin nan ba su da yawa, kuma kowa gonar wanda ya nome masa yake zuwa. Bara da bana, wa gidanku ya tura gonar wani? Dukanku kuna Kudu."

Na so in zagi mutanen garin, amma wallahi ba su yi laifi ba. Gumi suka ba juna, mu kuma nama muka aika.

Yanzu Baba ya yanke shawara: ya bar wa ciyawa rabin gonar, ɗaya rabin zai lallaɓa shi kaɗai, da ciwon bayansa.

'Yan'uwana 'yan ci-rani, ku faɗa min gaskiya, wa ya nome gonar gidanku bana?